Ranar da Inna Ta Kira Mai Jar Hula

Abubuwa da yawa sun faru da ni waɗanda in aka tambaye ni yau sai na yi ta lalube kafin in tuno. Amma wannan da zan ba ku labari, ko daga barci aka tashe ni zan kawo shi tun daga farko, kuma na san da shi zan shiga kabari. Abin dariyar ma a kan wasan waya ne. E, wasan waya, irin wanda iyaye ke yi wa yara faɗa a kansa.

Ni ce auta a gidanmu a Bagudo, yayana kuma shi ne ɗan fari. Waɗanda ke tsakaninmu duk mata ne, sun yi aure sun watse, wata a Kamba, wata a Sharabi. Babanmu ya rasu tun ina firamare, saboda haka mu uku muka rage a gidan, Inna da Yaya da ni. Inna turara shinkafa take yi ta shanya, a kai inji, ta sayar ranar kasuwa. Yaya kuwa babur yake ja, yana jigilar mutane da kaya tsakanin gari da boda. Da aka rufe bodar nan ta Benin sai aiki ya mutu murus. Ya koma zaman gida, ba abin yi sai jiran damina ya shiga fadama.

A wannan zaman ne wani ɗan kudu mai gyaran waya a bakin kasuwa ya sa masa wasan. Wai duniya ce ta ƙone bayan wani babban yaƙi, iska ta zama guba, sauran mutanen da suka tsira suka haƙa gida a ƙarƙashin ƙasa. Kai mai waya kai ne mai gidan. Kai za ka tona ɗakuna, wannan na janareta, wannan na tace ruwa, wannan na girki, wannan na magani, ka raba wa mutane aiki. A saman waya akwai layuka uku, wuta da ruwa da abinci. In ɗaya ya yi ja, mutanenka sun shiga uku. Ga gobara, ga ɓeraye masu girman akuya, ga 'yan fashi da ke zuwa su yi ta dukan ƙofa. Yaya ya bi mutanen nan ƙanana ya sa musu sunayen 'yan gidanmu da na unguwa. Inna ya kai ta ɗakin girki. Ni kuwa, don neman tsokana, ya kai ni ɗakin ruwa, saboda ya san duk duniya ba aikin da na tsana kamar jan guga. Kansa ya ɗora wa wata jar hula ya tsayar a bakin ƙofa yana gadi.

Ranar da Inna ta fara leƙa wayar, tsaki ta ja. Ta ce, "Wanga wane irin shashanci na? Mutum da ransa shi shiga rami? Ruwa ɗaya za a yi shi cinye su." Ba Yaya ta gaya wa ba, ni ta gaya wa, alhali yana zaune a gefena kuma wayar a hannunsa take.

To, a nan sai na tsaya na yi bayani, don yaran yanzu ba duka suka san abin ba. Inna irin matan da ne da ke kunyar ɗan fari. Tunda ta haife shi, shekarar da aka raba mu da Sakkwato aka ba mu jihar Kebbi, ba ta taɓa kiran sunansa ba. Ba ta haɗa ido da shi, ba ta zama hira da shi, in yana ciwo ba ta tambayarsa jiki sai dai ta aiko ni. "Wancan" take ce masa. Ni kuwa auta, sunana a bakinta tun asuba har a kwanta, har kitso a cinyarta nake yi da girmana. Yaya ya san al'ada ce, duk garin an san haka, kuma bai taɓa nuna ya damu ba. Ashe abin yana can ciki yana taruwa.

Daminar ta zo, ya zuba duk ƙarfinsa a shinkafa. Har babur ɗin ya sayar ya sa a gonar. Shinkafa ta yi kyau kamar a sace, saura kaɗan a fara yanka, sai kogi ya ƙetare iyaka ya shafe fadamar gaba ɗaya. Ina tsakar gida ya shigo, wando jiƙe har ƙugu, idanu jajir. Ya durƙusa nesa da Inna ya ce, "Inna, ruwa ya cinye gonar. Ko zangarniya ɗaya ban fitar ba." Wallahi na ga hannunta ya tsaya a kan muciya. Amma ba ta ɗago ba. Ta ce, "Allah shi mayar da alheri," sannan ta juyo gare ni, "Auta, zuba mai abinci." Shi ke nan fa.

Bai ci abincin ba. Da na bi shi zaure sai ya ce min, "Na san al'ada ce, kada ki fara min wa'azi. Amma yau ɗaya, yau ɗaya tak, da ta ce sannu wane, da mene ne zai ragu a jikinta?" Ba a jima ba ya ce zai ƙetara Benin neman aiki ta hanyar daji, tunda ƙofar boda a rufe take. Ranar tafiya ya durƙusa a ƙofar ɗakinta, ta ce masa daga bayan labule, "Allah shi tsare." Ya ɗan jira ko za ta ƙara wani abu. Ba ta ƙara ba.

A zaure ya miƙo min babbar wayar, shi ya riƙe ƙaramar mai madannai. Ya ce, "Ki kula min da mutanena, kada su mutu." Na duba sai na ga bakin ƙofa ba mai gadi. Ya fitar da mai jar hula waje, cikin ƙonanniyar duniyar, yana tafiya shi kaɗai. A wasan ana yin haka, ka tura mutum ya samo kaya, kana aika masa magani daga gida, amma ba zai taɓa juyowa don kansa ba sai mai gida ya danna ya kira shi. Yaya ya ce, "Magani ki aika masa. Amma kada ki kira shi. Amana na ba ki." Na ce, "Kai kuma yaushe za ka dawo?" Ya yi wata dariya da ba ta yi min daɗi ba ya ce, "In an kira ni."

Ni ban iya wasan ba ko kaɗan. Kafin a yi nisa na kusa kashe masa mutane. Ina ganin fili sai in tona sabon ɗaki, janareta ta kasa ɗauka, wuta ta ɗauke, ruwa ya tsaya, abinci ya yi ja. Wata rana da la'asar ina zaune a tabarma ina ta masifa ni kaɗai, gobara ta tashi a ɗakin girki, sai na ji numfashi a bayan kunnena. Inna ce, da faifai a hannu.

Ta ce, "Waccan mai zane wa ta?"

Na ce, "Ke ce, Inna."

"Ni? Kuma kika bar ni cikin wuta kina kallo? Tura mutane mana, sakarya!"

Daga ranar ta karɓe mulki. Ba ta taɓa wayar, ba ta iya karatun boko ba, amma ta zauna a gefena tana ba da umarni, ni ina dannawa. Farko ta hana ni tona ɗaki. Ta ce ba mai hankalin da ke ƙara ɗaki bai cika rumbu ba, a fara gina wurin ajiya. Ta tambayi sunan kowa, na karanta mata. Da ta ji na haɗa wasu maƙwabtanmu biyu a ɗakin ruwa sai ta riƙe baki, ta ce waɗannan tun rigimar katanga ba sa ga maciji, a raba su kafin su zubar mana da ruwan. Na ce Inna wasa ne fa, ba su san da wata katanga ba. Ta ce in raba su. Na raba.

Babbar rigima kuwa ranar da ta ga wata da ciki. Na yi mata bayani cewa a wasan in ka sa namiji da mace a ɗakin kwana, haihuwa ake samu, da haka mutane ke ƙaruwa. Inna ta saki salati. "Wa ya ɗaura musu aure?" Na ce ba a ɗaurawa. Ta ce to ba a gidanta ba. Tun daga nan duk waɗanda za a haɗa sai ta yi bincike ta tabbatar ba dangin juna na kusa ba ne, ta ce Allah shi sa albarka, sannan in danna. Kuma mai ciki ba ta aikin janareta, ba ta gadi, sai hutu. Na yi dariya har cikina ya ƙulle. Amma ku ji ikon Allah, gidan nan ya zauna daram. Layuka uku kullum kore shar. 'Yan fashi suka zo suka tarar da ƙarti a ƙofa, don Inna ta ce ba a sa rago gadi. Matar da ta ce shashanci ne, ita ce in batir ya yi ƙasa take tashina in ruga wurin mai caji kafin layi ya yi tsawo.

Kwanakin nan su nake kewa fiye da komai. Bayan la'asar, shinkafa a shanye a tsakar gida, ƙamshin turara bai gama fita ba, kafaɗarta a jikin tawa, tana faɗa da mutanen da ba su kai ƙwayar wake ba. Da na san ba za su daɗe ba da na ƙara matsawa kusa da ita.

Abu ɗaya ne ba ta tambaya ba da farko. Sai wata rana, bayan mun gama rabon aiki, ta ce kamar ba da gangan ba, tana tsince tsakuwa a faifai, "Ba wani a waje?" Na buɗe mata wurin. Ga shi nan, ɗan mitsitsi da jar hula, yana ta tafiya cikin toka, ba bishiya ba gida. Ban gaya mata ko wane ne ba, ita ma ba ta tambaya ba. Ta daɗe tana kallo. Ta ce, "Shina cin abinci?" Na ce magani kawai ake aika masa. Ta ce, "Aika mai da yawa." Tun daga ranar, kafin a duba wuta, kafin a duba ruwa, sai ta ce, "Mai jar hula hwa?" Sunan da ta samu ke nan. Wanda ta yi shekara da shekaru tana ce wa wancan, yau ya sami abin da za a kira shi da shi ba kunya.

Yaya kan kira ni ranar Juma'a daga Farakku, can cikin Benin, wai yana lodin auduga a tasha. In wayar ta yi ƙara sai Inna ta sami aikin yi kusa da ni, ta yi ta sheƙar shinkafar da ta riga ta sheƙe. In na miƙa mata wayar sai ta kauda kai. Shi kuma sai ya tambayi mutanensa na rami, ya tambayi yayyena, a ƙarshe ya ce, "Mutanen gida lafiya?" Na fara jin tari a muryarsa. Ya ce mura ce. Sai wani direban garinmu da ya dawo daga can ya tare ni a hanya ya ce, "Ku kira ɗan'uwanku ya dawo. A tasha yake kwana, ya rame ya zama kamar sanda, tarin nan ba na wasa ba ne. Na ce ya biyo ni ya ƙi."

Na kira shi ina kuka na ce ya dawo. Ya ce, "Ke kika ce, ko cewa aka yi ki ce?" Na ce ni ce. Ya ce, "To na ji," ya kashe. Na shiga ɗakin Inna da zafina, kun san bakina ba ya da linzami. Na gaya mata duk abin da direba ya ce. Na ce, "Kalma ɗaya yake jira, Inna. Ki karɓi waya ki ce dawo. In ya mutu a tashar mutane, al'adar ce za ta yi miki sallama da safe?" Ta ɗago ta kalle ni, ban taɓa ganin fuskarta haka ba. Ta ce, "Riƙe bakinki. Uwata ba ta yi ba, kakata ba ta yi ba. Da tsufana kike so a ce na zubar da kunya?" Ranar ba ta ci tuwo ba, ni ma ban ci ba. Ga shi can yana jiran kira, ga ta nan bakinta ya ƙi buɗuwa, ni a tsakiya kamar in yi hauka.

Bayan 'yan kwanaki muna zaune da la'asar ta ce, "Mai jar hula hwa?" Na buɗe. Layin ransa ya yi ja, saura ɗan ƙiris. Ya yi nisan da magani ba ya isa gare shi kuma. Har tafiyarsa ta canza, yana jan ƙafa.

Ta ce, "Mi ya same shi?"

Na ce, "Ya yi nisa, Inna. Magani ba ya kaiwa. In ba a kira shi ba mutuwa zai yi a can."

"To kira shi mana!"

Na ce, "Mai wayar ya ce kada in kira shi. Amana ya ba ni, ba zan ci ba." Na ajiye wayar a tabarma tsakanina da ita, na nuna mata wurin. "Ga inda ake dannawa. Ni dai hannuna ba zai taɓa ba."

Inna ta ƙura wa wayar ido. Kaji suna ta cin shinkafar da ke shanye, ba wanda ya kore su. Can sai ta goge hannunta a zani, ta miƙa yatsa ta taɓa gilashin. Bai yi ba. Yatsun Inna duk kanta ne saboda tukunya da muciya, wayar ba ta jin su. Ta sake, bai yi ba. Ta sake da ƙarfi har wayar ta zame. Na ga gumi a goshinta, na ji tana cewa ƙasa-ƙasa, "Taho mana, taho." Na kusa miƙa hannu in taimaka, na daure na danne shi a ƙarƙashin cinyata. Sai ta lashi ɗan yatsanta ƙarami, wanda bai sha wuya sosai ba, ta ɗora a hankali.

Ɗan mutumin nan ya tsaya cak. Ya juyo. Ya fara takowa gida.

Inna ta ce, "Alhamdu lillahi," ta tashi ta shige ɗaki ta saki labule. Ina jin ta daga waje tana fyace hanci.

Ban jira Juma'a ba, a take na kira shi. Na ce, "Mai jar hula ya kamo hanyar gida." Ya fara faɗa cikin tari, "Ban ce kada ki kira shi ba?" Na ce, "Ba ni ba ce. Inna ce." Ya ce, "Cewa ta yi ki danna?" Na ce, "Da yatsanta. Wayar ta ƙi jin hannunta, ta yi ta yi har sai da ta lashi yatsa. Kuma tun da ta fara ganinsa ba ranar da ba ta tambaye shi ba." Abin da na ji bayan nan ba zan iya kwatanta shi ba. Ƙato guda, a tsakiyar tasha, yana kuka kamar yaron goye. Da ƙyar ya ce, "Ki ce ina tafe."

Ranar kasuwa ya iso da hantsi, a bayan babur ɗin wani, ta hanyar daji. Da na gan shi a zaure sai da na ja baya, riga ta yi masa yawa, wuya ya zama siriri. Ya shigo ya durƙusa inda ya saba durƙusawa, nesa da ita. Inna tana bakin murhu, ta ba shi baya. Ya gaishe ta, ta amsa a taƙaice, ta ce in kawo ruwa. Na ce a raina, shi ke nan, mun koma gidan jiya. Sai ta kira sunana, da ƙarfi yadda duk tsakar gidan zai ji, ta ce, "Ki hwaɗa ma mai jar hula, in ya shigo gida, kada shi sake hita. Gidan ba shi da daɗi in ba shi."

Yaya ya sunkuyar da kai, hawaye na ɗiga a ƙasa. Ya ce, "Auta, ki ce mata ya ji."

Ni da aka sa aike ban iya isar da ko ɗaya ba, ina tsaye da kofin ruwa ina ta kuka.

An kai shi asibiti, ya sha magani na tsawon watanni, ya warke. Bai sake ƙetarawa ba. Inna ta ƙara 'yan shekaru tare da mu, kuma har ta koma ga Allah ba ta kira sunansa ba, shi ma bai sake nema ba. Shi ya yi jinyarta, shi ya sa ta a makwancinta. Wayar ta daɗe da lalacewa, gidan ramin da mutanensa duk sun tafi da ita. Wani lokaci in na ga yarana suna irin wasan sai in karɓa in ɗan danna, amma ba daɗi, don ba mai cewa in raba wane da wane.

Abin da na koya shi ne, kowa da ƙofar da ƙaunarsa ke iya fitowa, wani ta baki, wani kuwa bakin a ɗaure yake sai ta hannu. In kana da irin wannan mutumin a gida, kada ka tsaya jiran kalmar da ba zai iya faɗa ba har lokaci ya ƙure muku, ka nema masa hanyar da zai iya, ko da ta wasan yara ce. Ni wadda Inna ta kira sunana har ya gundure ni, da Yaya da ba ta taɓa kira ba, yau in muka zauna a tsakar gidan nan da la'asar, kewa iri ɗaya muke yi, kuma wallahi ban isa in ce ta fi sona ba.